Shekara uku muna biyan bashin gida, amma bashin ya ƙi motsi

Assalamu alaikum Malam, da fatan kana lafiya. Ni da maigidana mun karɓi bashin miliyan 10 a banki muka sayi gidan da muke ciki, bayan mun biya kafin alƙalami daga abin da muka tara. Mu biyun muka sa hannu, domin ni ma ina aiki. Ruwan kashi 12 cikin ɗari ne a shekara, wa'adin shekara 20, kuma duk wata ana cirar 110,109. Yau shekara uku cif ba mu taɓa fashi ba. Makon jiya na karɓo takardar bayanin asusun, sai na ga wai har yanzu ana bin mu 9,564,553. Na tara abin da muka biya, ya kusa miliyan 4, amma abin da ya sauka daga bashin ko rabin miliyan bai kai ba. Maigida ya ce wannan cuta ce tsagwaronta, ya tafi bankin a fusace. Can suka lallashe shi, suka ce tunda abin ya yi mana nauyi za su ƙara mana shekara 10 a kan wa'adin, biyan wata ya sauko zuwa 99,610. Ya dawo da murna, yana so mu je mu sa hannu. Gaskiya hidima ta yi mana yawa, kuma ragin zai taimaka, amma ni hankalina bai kwanta ba, har mun fara samun saɓani. Cutar mu aka yi? In sa hannu ko kada in sa?

Wa alaikumus salam, 'yar'uwa. Allah ya sanya albarka a gidan, ya kuma hore muku abin biya.

Na zauna na bi lissafin da kika aiko wata bayan wata har 36, kuma na sauka daidai kan adadin da ke takardarki. Ba ki faɗi sunan kuɗin ba, ba kuma komai, domin wannan lissafin ɗaya ne a kowace ƙasa. Saboda haka amsar tambayarki ta farko ita ce a'a, ba a yi muku coge a lissafi ba. Amsar ta biyu kuwa, ki dakata da sa hannun nan tukuna. Rashin kwanciyar hankalinki yana da dalili, kuma dalilin ya kusa miliyan 10.

Bari mu fara da abin da ya tayar da hankalin maigida. Yawancin mutane suna ɗauka cewa idan aka karɓi bashi za a biya a wata 240, to kowane wata kashi ɗaya cikin 240 na bashin yake sauka. Da haka ne, da yanzu kun sauke miliyan ɗaya da rabi. Amma bashin gida ba haka yake tafiya ba. Ki ɗauki ruwan nan a matsayin kuɗin haya. Kamar yadda ɗan haya ke biyan kuɗin ɗakin da yake ciki duk wata, haka ku ma kuke biyan hayar kuɗin bankin da ke hannunku duk wata, kuma hayar tana bin yawan abin da ya rage a hannunku ne a wannan watan. Kashi 12 a shekara, idan aka raba shi gida 12, kashi 1 ke nan a wata. A watan farko miliyan 10 ce cur a hannunku, hayarta 100,000. Kun biya 110,109. Banki ya fara cire hayarsa, sai ragowar 10,109 ta tafi kan uwar kuɗi. A wata na biyu uwar ta koma 9,989,891, hayarta 99,899, sai 10,210 ta sauka daga bashin. Kin ga bambancin wata da wata bai wuce ɗari da 'yan kai ba. Da irin wannan tafiyar hawainiya kuka kai wata na 36: kun biya kimanin 3,964,000, ruwa ya lashe kimanin 3,528,000, uwa ta samu kimanin 435,000.

Abin da ke ɓata wa mutum rai shi ne an tsara biyan ne ya zama adadi ɗaya daga farko har ƙarshe, don mai albashi ya san abin da zai fitar. Amma cikin wannan adadi ɗayan, rabon da ke tsakanin ruwa da uwa yana sauyawa kowane wata. Da farko ruwa ne ke cin kusan duka. A wata mai zuwa, na 37, ruwa zai ɗauki 95,646, uwa ta samu 14,463. Idan kuka cika shekara 10, wato rabin wa'adi, za a ci gaba da bin ku kimanin miliyan 7.67. Sai a wata na 172, cikin shekara ta 15, rabon uwa zai fara wuce na ruwa. Ranar da kuka cika shekara 15 ne bashin zai sauko ƙasa da rabi, kimanin miliyan 4.95. Daga nan kuma sai abin ya zama gangara: rabin da ya ɗauki shekara 15 kafin ya sauka, ɗan'uwansa shekara 5 kacal zai ɗauka. A biyan ƙarshe ruwan bai fi 1,090 ba, sauran duka uwa ne.

Idan akwai inda aka yi muku ba daidai ba, to a wurin bayani ne. Ranar da kuka sa hannu ya kamata a ajiye muku adadi guda a gabanku: 110,109 sau 240, wato kimanin miliyan 26.43. Wannan shi ne ainihin abin da kuka yi alkawarin biya. Miliyan 10 uwa, miliyan 16.43 ruwa. Kowane ɗaya da kuka ranta, biyu da digo 64 za ku mayar. Mai yiwuwa adadin yana cikin takardun, a wani shafi da ba a tsaya a kansa ba. Ni kaina lokacin da na taɓa karɓar bashi, ma'aikacin da ya zauna da ni sau uku yana maimaita mini abin da zan riƙa biya a wata, bai ambaci jimilla ko sau ɗaya ba, ni ma kuma ban tambaya ba, don idona na kan abin da zan saya. Wannan halin ba sabo ba ne. Shi ya sa tun 1968 Amurka ta yi dokar da ta tilasta wa masu ba da bashi su rubuta wa mai karɓa ainihin tsadar bashin a shekara da jimillar abin da zai biya, ƙasashe da dama kuma suna da irin wannan ƙa'ida. Sai dai doka tana sa a rubuta ne, ba ta iya sa mutum ya karanta.

To, mu zo kan tayin da aka yi wa maigida, domin a nan gizo ke saƙar. Yanzu saura wata 204 ku gama. Idan kuka ci gaba yadda kuke, abin da ya rage ku fitar daga aljihu shi ne 110,109 sau 204, kimanin miliyan 22.46. Idan kuka karɓi ƙarin shekara 10, watannin za su koma 324, kowane a kan 99,610, jimilla kimanin miliyan 32.27. Ki cire wannan daga wancan. Bambancin miliyan 9.81 ne, kusan daidai da bashin da kuka karɓa tun farko. A madadin haka, abin da za ku samu shi ne sauƙin kimanin 10,500 a wata. Wato za ku sayi numfashin 10,500 da kuɗin da ya kusa sake sayen gidan.

Me ya sa ƙarin shekara goma guda bai rage biyan wata da wani abin kirki ba? Saboda kaso mafi tsoka na abin da kuke biya haya ce, kuma tsawaita wa'adi ba ya taɓa haya ko kaɗan. Ko shekara ɗari aka ba ku, biyan wata ba zai sauko ƙasa da 95,646 ba, domin wannan ita ce hayar abin da ke hannunku yanzu. Ɗan abin da ke tafiya kan uwa shi kaɗai ake iya tsakurewa, kuma shi ne aka tsakure: daga 14,463 zai koma ƙasa da 4,000. Abin da ya fusata maigida, wato bashin da ya ƙi motsi, shi ne tayin zai ninka. Ya je kukan targaɗe, an ba shi karaya a cikin takarda mai kyau.

Ban ce ma'aikacin bankin mugu ba ne. Mutum ya zo masa yana cewa abu ya yi nauyi, shi kuma ya miƙa abin da ke cikin aljihun teburinsa, wanda kuma bai saɓa wa ribar wurin aikinsa ba. Kuma adalci ya sa in faɗi abu biyu da ke goyon bayan maigida. Na farko, miliyan 9.81 da za a biya a tsawon shekara 27 ba daidai take da miliyan 9.81 ta yau ba. Inda farashin kaya ke hauhawa, albashi kuma yana binsa ko da da ɗingishi, adadin da ya tsaya wuri ɗaya yana ƙara sauƙi a kafaɗa shekara bayan shekara. Amma wannan hujjar takobi ce mai kaifi biyu: idan 99,610 za ta yi sauƙi nan da shekara biyar, 110,109 ma za ta yi, kuma ita za ta sake ku shekara goma kafin ɗayar. Ki kuma lissafa shekarunku. Nan da shekara 27, ku biyun kuna bakin aiki ko kun ajiye? Bashin da ya bi mutum har cikin kuɗin fansho wani abu ne daban.

Na biyu ya fi nauyi. Idan da gaske kun kai matsayin da za ku fara fashin biya, to tsawaitawa ta fi fashi nesa ba kusa ba. Fashi yana jawo tara, ruwan da ba a biya ba ya hau kan uwa shi ma ya fara haihuwa, sunanku ya ɓaci a wurin masu ba da bashi, daga ƙarshe kuma banki yana da ikon sayar da gidan, tunda shi aka jinginar. A ƙasashe da yawa ma, idan kuɗin gwanjon bai rufe bashin ba, ana ci gaba da bin mutum cikon. Don haka tambayar da za ku amsa tsakaninku da Allah ita ce: wannan 10,500 ɗin, ita ce tsakaninku da fashi, ko kuwa sauƙi ne kawai da rai ke so? Daga wasiƙarki, shekara uku ba ku taɓa fashi ba, kuma kin ce ragin "zai taimaka", ba ki ce ba za ku iya ba. Wannan ya sa na karkata ga cewa matsi ne, bai kai maƙura ba. Idan matsin na ɗan lokaci ne, akwai abin da ya fi dacewa a roƙa, kamar a yarda ku biya ruwa kaɗai na 'yan watanni sannan ku koma yadda kuke. Shi ma yana da tsadarsa, amma tsadar wata shida ba ta kama ƙafar ta shekara goma ba.

Abin da na fi so ku je ku yi ciniki a kansa shi ne ruwan kansa. Ki duba wannan. Da a ce za a sauke muku shi daga kashi 12 zuwa kashi 10, ba tare da an ƙara ko wata ɗaya a wa'adi ba, biyan wata zai koma kimanin 97,674. Ya fi tayin da aka yi muku sauƙi, kuma maimakon ƙarin miliyan 9.81, ragin kimanin miliyan 2.5 za ku samu. Ban yi miki alkawarin za su yarda ba, domin wannan ya danganta da yadda ruwa yake a kasuwa yanzu. Amma kuna da abin nunawa: wata 36 babu fashi, albashi biyu, ga gida a jingine. Irin ku ne kowane banki ke so, kuma wani bankin zai iya sayen bashin ya ba ku ruwa mai sauƙi. Ku tambayi biyu ko uku, ku karɓi tayinsu a rubuce, ku kai wa naku ya gani. Sai dai ƙaura ba kyauta ba ce. Akwai kuɗin lauya, kuɗin ƙiyasta darajar gida, kuɗin buɗe sabon bashi, wani lokaci da tarar barin tsohon. Yadda ake auna ta mai sauƙi ne: a raba kuɗin ƙaurar da ragin da za a samu a wata. In ƙaurar za ta ci 300,000, ragin kuma 12,400 ne, cikin kimanin wata 24 ta biya kanta, sauran shekara 15 riba ce. In kuwa sai an yi shekara takwas kafin ta biya kanta, a sake tunani.

Tunda muna maganar ruwa, akwai layi ɗaya a yarjejeniyarku da nake so ki nemo yau ɗin nan: kashi 12 ɗin tsayayye ne har ƙarshe, ko mai sauyawa ne? Duk lissafin da na yi a sama na gina shi ne a kan cewa tsayayye ne. Idan mai sauyawa ne, galibi yana bin ruwan da babban bankin ƙasa ya tsayar, kuma ba a neman izininku kafin a ɗaga shi. Da zai hau kashi 15, biyan watanku zai tashi zuwa kimanin 129,860, ƙarin kusan 20,000 dare ɗaya. Wannan ba tatsuniya ba ce. Babban bankin Ingila ya ɗaga ruwansa daga kashi 0.1 a Disambar 2021 har zuwa kashi 5.25 a Agustan 2023, kuma tunda yawancin masu bashin gida a can shekara biyu ko biyar kawai ake tsayar musu da ruwa, da wa'adin ya cika sai suka tsinci kansu a sabon farashi. A Amurka, wani babban ɓangare na rikicin 2007 zuwa 2008 ya faro ne daga basussukan gida da aka fara da ɗan ruwa na jan ra'ayi, bayan shekara biyu ko uku ya yi tsalle, mutane suka kasa biya, gidaje suka tafi gwanjo. A Poland da Hungary kuwa, mutane da yawa sun karɓi bashin gida da kuɗin Suwizalan saboda ruwansa ƙanƙani ne, alhali albashinsu da kuɗin ƙasarsu ake biya. Da darajar kuɗin Suwizalan ta tashi, sai bashin ya kumbura a hannunsu suna tsaka da biya. Na kawo waɗannan ne domin sabuwar takardar da ake so ku sa wa hannu sabuwar yarjejeniya ce. Tana iya zuwa da sharaɗin da tsohuwar ba ta da shi, har da mayar da tsayayyen ruwa mai sauyawa.

Yanzu bari in juya miki lissafin ta fuskar da zai yi miki daɗi. Dalilin da ya sa shekarun farko suke da ɗaci shi ne kuma ya sa duk abin da aka ɗora a kan uwa a shekarun farko yake da albarka. Kuɗin da kika rage daga uwa yau, kin kashe hayarsa ta wannan watan da ta kowane wata har ƙarshen wa'adi. A ce wata rana 100,000 ta shigo muku ba zato, kuka zuba ta kan uwa yanzu. Za ta yanke kusan wata bakwai daga ƙarshen bashin, wato biyan kimanin 740,000 da ba za ku yi ba, in an cire 100,000 ɗin da kuka zuba kun tsira da kimanin 640,000 ke nan. Wannan 100,000 ɗin dai, in kuka jira sai saura shekara ɗaya ku gama, abin da za ta tsirar muku bai wuce kimanin 12,000 ba. Idan kuma ƙari za ku riƙa yi duk wata, 10,000 a kan abin da kuke biya za ta rage wata 44 da kimanin miliyan 3.25. In 20,000 ce, wata 70 za su tafi, kusan shekara shida, tare da kimanin miliyan 5. Ki lura da yadda abin yake: a rage 10,500 a wata, a yi asarar miliyan 9.81, a ƙara 10,000, a tsira da miliyan 3.25.

Na san kin ce hidima ta yi yawa, don haka ba ina cewa ku fara ƙari gobe ba ne. Ina so ki san ƙofar tana nan don ranar da hali ya samu. Kafin ku shige ta, ku tabbatar da abu uku daga bankin, a rubuce. Shin akwai tara a kan biya kafin lokaci, kuma nawa ce? Wasu bankunan suna barin a ƙara wani kaso a shekara kyauta, abin da ya haura sai da tara. Shin ƙarin zai tafi kan uwa kai tsaye, ko za a ajiye shi ne a matsayin biyan wata mai zuwa? In na biyun ne, ba ku rage komai ba, kun dai ba su ajiya. Sannan bayan ƙarin, wa'adi za a gajarta ko biyan wata za a rage? Gajarta wa'adi ya fi tsirar da kuɗi. Kada kuma ku kwashe duk abin da ke hannunku ku zuba a bango. Kuɗin da ya shiga bashin gida ba ya fitowa ranar rashin lafiya ko ranar da aiki ya tsaya, saboda haka ajiyar da za ta riƙe ku 'yan watanni ita ce gaba. In kuma akwai wani ƙaramin bashi a kanku mai ruwa sama da kashi 12, shi za a fara kashewa.

Ko miliyan 26.43 ɗin ma ba ita ce duka tsadar gidan ba. Akwai kafin alƙalamin da kuka biya, da kuɗin lauya da na rajistar takardu, da inshorar gida da ta rai waɗanda bankuna da dama ke wajabtawa, da haraji inda ake karɓa, da gyaran da a da mai gidan haya ke yi, yanzu ya dawo kanku. Wanda na fi so ki sa wa ido shi ne kuɗin da ake cewa "ba sai kun biya yanzu ba, za mu haɗa a cikin bashin". In sabon tsarin yana da kuɗin sabuntawa na 200,000 aka tura shi cikin bashin shekara 27, kimanin 675,000 za ku biya a kansa. Ga masu karatu da ba su karɓi bashi ba tukuna, akwai wani tarko da ku kun tsallake: wasu masu ba da bashi suna lissafa ruwa a kan uwar farko har ƙarshe, kamar ba a taɓa biyan komai ba. Kashi 12 a irin wannan tsarin, kan miliyan 10 a shekara 20, ruwan miliyan 24 ne maimakon 16.43. Suna ɗaya, kashi 12, amma tsakaninsu akwai fiye da miliyan 7. A tambaya tun kafin a zauna: a kan ragowar bashi ake lissafi, ko a kan na farko?

Na san akwai masu karatu da za su ce tun asali me ya kai mutum bashin ruwa. Hukuncin riba sananne ne, kuma fatawa a kan halin da kuka riga kuka shiga ta malamai ce, ni lissafi na iya. Abin da zan ƙara shi ne, in kuna tunanin ƙaura, ku haɗa da bankunan da ba sa mu'amala da ruwa a cikin waɗanda za ku tambaya. A tsarin murabaha banki ne ke sayen gida ya sayar wa mutum a kan farashin da aka yanke tun farko, a biya kaɗan-kaɗan. A tsarin musharaka mai raguwa kuwa, mutum da banki sun yi tarayya a gidan, yana sayen kason bankin sannu a hankali, yana kuma biyan hayar kason da bai saya ba tukuna. Can ma tsawon wa'adi yana ƙara tsada, don haka tambayoyin ba su sauya ba: nawa ne jimilla, hayar tana sauyawa ko a'a, kuma in na biya da wuri za a yi mini rangwame?

Saura maganar ku biyu, wadda a ganina ta fi lissafin wuya. Maigida bai yi wauta ba. Ya ga iyalinsa cikin matsi, ya je ya yi faɗa dominku, ya dawo da abin da ya ɗauka nasara ce. In kika tare shi da "an yaudare ka", to kare kansa zai yi, ba zai ji miliyan tara ko goma ba. Ki bari sai hankalinsa a kwance, ki fara da yarda da shi a inda yake da gaskiya: nauyin gaskiya ne, kuma ba a yi muku bayanin da ya kamata ba. Sannan ki ajiye masa lambobi biyu kawai a takarda, 22.46 da 32.27, ki ce ke abin ya ɗaure miki kai, ya taya ki dubawa. Ki bar shi ya buga 99,610 sau 324 a wayarsa da hannunsa. Abin da mutum ya gano da kansa ba ya jin an ci masa fuska a kai. Daga nan ku nemi 10,500 ɗin a wani wuri tare, cikin abin da ke fita duk wata, kafin ku neme ta a wurin banki.

Kuma tunda hannunki na kan bashin, ki sani cewa a yawancin irin wannan yarjejeniya banki yana iya bin kowannenku duka kuɗin, ba rabi ba. Wannan ya ba ki cikakken haƙƙin cewa sai kin fahimta kafin ki sa hannu, ba rashin biyayya ba ne. Ki kuma duba, cikin ruwan sanyi, ko sunanki yana kan takardar mallakar gidan kamar yadda yake kan bashin, da kuma ko inshorar rai ta rufe ku biyun ko shi kaɗai. Ba fatan tsiya ba ne, rai da ajali na Allah ne, amma shekara 17 tafiya ce mai nisa.

In kun koma bankin, ku tafi tare. Ku nemi a buga muku jadawalin biya guda biyu, na tsarin da kuke kai da na wanda ake tayi, kowane da jimillarsa a ƙasa da duk wani kuɗin da za a caje ku. Ku tambayi ragin ruwa kafin a sake ambatar ƙarin wa'adi. In ƙarshe dole ta sa sai kun tsawaita, ku nemi shekara biyu ko uku maimakon goma, kuma a rubuta cewa kuna iya ƙara biya duk lokacin da kuka samu ba tare da tara ba. Ku karɓi takardun ku tafi da su gida, ku kwana biyu a kansu. In kin samu jadawalin, ki aiko mini da lambobin, mu sake bin su tare.